Cigiyar Malam Laushi

Gyaɗi-Gyaɗi, Kano
Watan Yuli

Zuwa ga Alhaji Lawan,

Gaisuwa mai yawa, da fatan kana lafiya a can Gwanzu, kai da abokan kasuwancinka. Ranar Asabar na leƙa Tarauni na gaida Hajiya Uwani da yara, duk suna lafiya, sai dai ta ce in tuna maka injin wankin da ka yi mata alkawari har yanzu a bakinka yake. Ita ta ba ni lambarka ta can. Da hannu na rubuta wannan, za a ɗauki hotonta a turo maka, don ni ba zan iya da ƙananan haruffan wayar nan ba. Kai ma da hannu za ka ba ni amsa. Kada ka kuskura ka turo mini saƙon murya, na san halinka, sai ka cinye mini caji ba ka zo kan magana ba.

Lawan, zan ajiye raket. Likita ya duba gwiwar nan ya ce ko dai in daina tsayuwa a fili, ko in fara shirin zama a keke. Ƙarshen shekara zan miƙa yaran da nake koya wa badminton ga Habiba, ɗalibar nan tawa da ta zama nas, ni kuma in koma gida Zonkwa in zauna kusa da Mama. Na yi kukana na share. Ba wannan ya sa na rubuto maka ba.

Malam Laushi nake so ka nemo mini.

Yi dariyarka ka gama. Na san Caina tana da girma, na san an fi shekara talatin. Amma a cikin duk waɗanda ɗan Cainan nan ya koya wa badminton a tsohon ɗakin taron ma'aikata na Tarauni, kai kaɗai Allah ya kai ƙasarsu, kuma kai ne abokin wasana na bibbiyu, ni a gaba wajen raga, kai a baya kana haki. Kwanan nan ba na iya shiga ɗakin nan ban gan shi ba. Ka tuna yadda yake kwasar ƙwallayen gashi ya kai wurin Isyaku mai shayi, ya riƙa turara su a bakin buta don kada iskar rani ta karya gashin? Mutanen teburi suna cewa ɗan Caina yana dafa tsuntsu ba nama. Har yau haka nake yi, sai dai ni a kan tukunyar tuwona.

Ka kuma tuna lokacin da Baba ya yi ritaya daga gidan waya ya ce za mu koma gida, ana gab da tafiya gasar ƙasa. Malam ya zo har gidanmu a nan Gyaɗi-Gyaɗi, ya cire takalmi, ya durƙusa gaban Baba yadda ya ga ana yi, yana harhaɗa 'yar Hausarsa: "Baba, bari Tabita. Tabita hannu kyau." Baba ya ji nauyinsa ƙwarai, amma ya ce ba shi da wanda zai bar wa 'ya mace a Kano. Ranar tafiyarmu Malam ya raka mu tasha. Abin da ya ce mini ta tagar mota shi ne, "Tabita tafi, wasa mutu."

Kafin in gama kwalejin horon malamai in dawo, ya koma ƙasarsu. Da wannan maganar ya tafi a ransa. Bai san na dawo ba, bai san na share ɗakin na sake ɗaura raga ba, bai san yaran da suka bi ta hannuna ba. Ina so ya sani kafin in bari. Buƙatata ke nan, ba ni da wata.

Allah ya ba da kasuwa, ya dawo da kai lafiya.

Yayarka,
Tabita


Gwanzu
Watan Agusta

Yaya Tabita,

Bayan gaisuwa da fatan alheri, na sami takardarki, kuma na yi baƙin cikin jin labarin gwiwa. Allah ya sawwaƙe, ya sa kaffara ne. Maganar injin wanki kuwa, ki gaya wa Hajiya yana cikin kwantena, tsakanin fitilun sola.

Na bi umarninki, ga shi da hannu nake rubutu, rabona da biro tun ina makaranta. Amma abin da zan gaya miki, da da murya ne da kin fi jin kunyar da na sha.

Akwai wani ejan ɗinmu, Alhaji Sulaiman, mutumin Hotoro ne, ya daɗe a nan har ya yi aure, yarensu kuwa kamar a nan aka yanke masa cibiya. Na same shi a ofis na ce ina cigiyar wani tsohon malaminmu. Ya jawo takarda ya ce, "Me sunansa?"

Na ce, "Laushi."

Ya ce, "To, Laushi wa?"

Na ce, "Laushi kawai. Malam Laushi muke ce masa."

Yaya, mutumin nan ya ajiye biro ya dube ni, sai ya kwashe da dariya har yana dukan teburi. Ya kira matarsa a waya ya ba ta labari, ita ma ina jin tata dariyar. Da ya sarara ya ce, "Alhaji, ai laushi a yarensu malam ke nan. Duk mai koyarwa a ƙasar nan laushi ne, daga na firamare har mai koya tuƙin mota. Ba suna ba ne." Ashe duk shekarun nan Malam Malam muke kiran bawan Allah.

Abin da ya fi ba ni haushi, na sha jin kalmar a hanya. In na ga 'yan makaranta suna gaida wani suna cewa laushi, sai in ce a raina, ashe sunan yana da farin jini a nan, kamar Musa a wurinmu. Ni fa iyakar yarena na nan shi ne "nawa ne" da "ya yi tsada".

Saboda haka, Yaya, ba mu da suna, ba mu da gari. Kuma in za ki ji shawarata, mu haƙura. Lokacin da yake tare da mu ya haura arba'in, ki lissafa ki gani. Ni ban son in je in tarar da abin da zai ɓata mini yadda nake tuna shi. Na fi so in bar shi a tsaye bakin fili da usur a wuya, yana sa ni tsallen kwaɗo saboda na makara, alhali ke ma kin makara amma ya yi kamar bai gani ba. Wallahi har yau in na hau bene sai cinyata ta tuna mini da shi.

Ki gaida Habiba da yaran. Allah ya ƙara lafiya.

Ƙaninki,
Lawan


Gyaɗi-Gyaɗi
Watan Agusta

Lawan,

Ina gaisuwa. Na ajiye "Alhaji" a gefe sai ka yi abin da na sa ka.

Na karanta takardarka a bakin fili, na yi dariya har yara suka tsaya da wasa suna kallona. Malam Malam! Na tuna ranar farko sarai. Ya tsaya a gabanmu, siriri, ba ko murmushi, ya nuna ƙirjinsa ya ce, "Laushi." Peter ɗan gidan mai hoto ya raɗa mini cewa wannan ai ko kusa bai yi kama da laushi ba, muka ƙyalƙyale, aka sa mu zagaye fili. Shi yana gaya mana aikinsa ne, mu kuma muka ɗauka sunan yanka ne.

Amma da na dawo gida na zauna, sai wani abu ya faɗo mini, dariyar ta tsaya. Me yake cewa in ya kama wuyan hannunka yana girgizawa? "Hannu laushi! Hannu laushi!" In ka damƙe raket kamar za ka fasa itace, haka yake yi maka tsawa. Wannan ai Hausa ce, Lawan. Ya san abin da kalmar take nufi a wurinmu. Ya san mun yi kuskure, ya ƙyale mu, ya karɓi sunan, ya kuma riƙa koya mana wasa da shi. Ban taɓa jin kewarsa kamar ranar nan ba.

Kai kuma kana ce mini mu haƙura. Tun muna yara haka kake, da ƙwallo ta yi nisa kaɗan sai ka tsaya ka ce ta fita. Ba ta fita ba. Ga hoto nan na haɗo maka, wanda aka ɗauke mu ranar gasar makarantu. Dubi jar rigar da ke jikinsa, wadda ba ya sawa sai ranar gasa. Akwai rubutunsu a ƙirjin. Mu ba mu taɓa tambaya ba, mun ɗauka ado ne. Ka kai wa Alhaji Sulaiman ɗinka mai dariya, ya karanta, ya biya kuɗin dariyarsa.

In ka tarar ya rasu, ka nemo kabarin ka tsaya ka faɗa masa. Ni dai a gaya masa.

Ka ci abinci sosai, Hajiya ta ce ka rame a hoto.

Tabita


Gwanzu
Watan Satumba

Yaya Tabita,

Bayan gaisuwa, a mayar mini da Alhajina, na yi aiki.

Alhaji Sulaiman ya karanta rigar. Sunan ƙungiyar wani lardi ne da ake kira Fujiyan, can bakin teku. Ya ce mu je wani ɗakin wasa inda tsofaffi suke buga badminton da safe. Yaya, da kin ga wurin da kin yi kuka: filaye a jere, ƙasa koriya, fitilu, ƙwallaye a kwando ana zubar da waɗanda mu da sai mun ɗinke mun ƙara mako da su. Muka riƙa zagayawa da hoton. Wata tsohuwa ta sa tabarau ta daɗe tana kallo, sannan ta ɗaga hannun hagu ta yi kamar tana bugu. Na ce shi ne, bahago ne! Ta kira wani, wani ya kira wani, kafin mu bar wurin an samo lambar 'yarsa.

Sunansa Ciu Wenhai. Na rubuta na sake rubutawa, bakina ya ƙi sabawa.

Tsohuwar ta ce tana yarinya ta ga wasansa, kuma a zamaninsa ba a fi shi iya sakin ƙwallo a bakin raga ba, sai ka rantse ajiye ta ya yi da hannu. Amma ta ce a shekarun ƙuruciyarsa ƙasarsu ba ta shiga manyan gasannin duniya, kafin a buɗe musu ƙofa kuma ƙarfinsa ya wuce. Bai taɓa samun lambar da duniya za ta san shi da ita ba. Daga nan ya koma horar da yara, har aka turo shi wurinmu. Sai yanzu na gane abin da ya sa ya durƙusa gaban Baba. Ya san yadda lokacin mutum yake wucewa yana ji yana gani.

Yana da rai. 'Yarsa, Meilan, ta ce mu zo, amma ta ce jikinsa sai a hankali, ba ta yi bayani ba. Da na gama loda kaya za mu hau jirgin ƙasa ni da Alhaji Sulaiman. Ki sa Habiba ta ɗauko mini bidiyon yaran suna atisaye, da hotonki na yanzu. Ki yi murmushi a ciki, don Allah.

Ƙaninki,
Alhaji Lawan


Fujiyan
Watan Oktoba

Yaya Tabita,

Ina gaisuwa, da fatan gwiwa da sauƙi. Daga masauki nake rubuto miki. Na ga Malam.

Zan faɗa miki yadda aka yi daki-daki, ki yi haƙuri da ni. Garin ƙarami ne, ana jin warin kifi ko'ina. Meilan ta tarye mu a ƙasan bene, mace mai kirki, sa'ar ƙanwata. Kafin mu hau ta tsayar da mu ta yi wa Alhaji Sulaiman bayani, shi kuma ya juya mini. Mantuwa ce ta kama shi. Wata rana ya san ta, wata rana ya tambaye ta ko ita wace ce. Ta ce bayan ya dawo daga Kano ya ci gaba da koya wa yaran makarantar garin har ƙafa ta gaza, kuma kullum sai ya turara ƙwallaye a bakin buta, mutane suna dariya don iskarsu a jiƙe take, ba ta karya gashi. In an tambaye shi sai ya ce ya saba.

Muka same shi a baranda a kan kujera, an rufa masa bargo a gwiwa. Ya tsufa, Yaya. Ya ƙanƙance. Amma hannun nan na hagu yana nan yadda kika san shi. Na durƙusa na ce, "Malam, barka da hutawa." Ko kallona bai yi sosai ba, sai na ji ya ce, "Lafiya lau." Meilan ta toshe baki, ta ce rabonsa da yaren nan ta manta. Na ce, "Lawan ne, Malam. Lawan na Tarauni." Ya yi mini murmushin da ake yi wa baƙo. Bai gane ni ba.

Na nuna masa hotonki na yanzu. Ya kalla ya miƙo mini.

Sai na kunna bidiyon. Kin san wurin da yaran suke atisayen ƙafa ba ƙwallo, daga tsakiya zuwa kusurwa su dawo? Yana ganin wannan ya gyara zama. Ya karɓe wayar daga hannuna, ya matso da ita kusa da ido. Bargon ya zame bai kula ba. Ƙafarsa ta fara motsi a ƙasa tana bin tasu. Sai ya shiga magana da sauri da yarensu, da muryar nan da muka sani, har na ji kamar na makara.

Na ce wa Alhaji Sulaiman, "Me yake cewa?"

Ya ce, "Cewa yake waɗannan yaransa ne. Wai shi ya koya musu, ko a cikin dubu zai gane takunsu. Wai ta hagun nan mai shuɗin ɗankwali tana ɗaga diddige da wuri in za ta koma baya, ya sha gaya mata ba ta ji."

Na ce to ga dama ta samu. Na matsa kusa na ce da Hausa, a hankali, "Malam, Tabita ce ta koya musu. Tabita ta dawo."

Ya ɗago ya dube ni. Wallahi na ga sunan ya shige shi. Ya ce, "Tabita." Sai ya girgiza kai ya ce, "Tabita tafi."

Na ce ta dawo, Malam, ta daɗe da dawowa, ita ke riƙe da ɗakin. Alhaji Sulaiman ya faɗa masa da yarensu, Meilan ma ta faɗa. Ya ƙi. Ransa ya ɓaci, ya ce mu daina ruɗa shi, shi ya san yaran da ya horar. Ya shiga neman takalminsa, wai an bar yara su kaɗai a fili, a kai shi. Da ƙyar Meilan ta lallashe shi ya zauna. Ta roƙe mu mu bari haka. Har muka tashi fitowa wayata tana hannunsa yana maimaita bidiyon, sai da Meilan ta tura shi a tata wayar sannan ya saki.

Na sauko bene na zauna a kan matakala na yi kuka, ni da girmana.

Yaya, ki gafarce ni. Saƙo ɗaya kika ba ni, na kai shi har kunnensa amma ya ƙi shiga. Meilan ta ce da safe ya fi samun kansa. Na ɗage tafiyata. In kin ce in koma, zan koma in sake gwadawa, in ma kina so a kira ki ta bidiyo ya ga fuskarki kina magana, sai a yi. Abin da nake tsoro kawai shi ne ɓacin ran da na gani. Ina jiran amsarki.

Ƙaninki,
Lawan


Gyaɗi-Gyaɗi
Watan Oktoba

Alhaji Lawan,

Na gode. Allah ya saka maka da alheri, kai da Alhaji Sulaiman.

Kada ka koma da maganata. Kada wanda ya sake ce masa ni na koya musu. Ya ce nasa ne, to nasa ne.

Mai shuɗin ɗankwalin Samira ce. Yau na tsayar da ita na sa ta koma baya ina kallon ƙafarta. Gaskiyarsa ne, tana ɗaga diddige da wuri. Tun tana ƙarama take hannuna ban taɓa lura ba.

Ka koma da safe ka yi masa sallama. Ka ce Malam, yarinyar ta ji, an gyara.

Allah ya kawo ka gida lafiya.

Yayarka,
Tabita